Yajin Inna A'i

A tashar Konni kowa ya san yajin Inna A'i ta Tsarnawa. Direbobi na cewa ko gayan tuwo ka barbaɗa wa, sai ka nemi ƙari. Ina jiran motar Malbaza, wani direban motar siminti ya tsaya gun wata mata mai tallar yajin, ya buɗe ƙulli ɗaya ya shinshina.

"Baiwar Allah, wanga ba na Inna A'i ba ne."

"Ikon Allah! Ni ce fa ɗiyarta, Malam."

"Ko ke ce ita. Shekara tara nake ci. Ita daban take soya kimba, daban kanumfari, ta daka kowane shi kaɗai, kafin ta haɗa da citta da barkono. Sai ka haɗiye masoro ke gaishe ka. Wanga kuwa ya yi laushi kamar simintin da nake ɗauka."

"To laushi laifi ne?"

"Inji ya ƙone ƙamshin."

"Kai dai ba ka san daka ba! Tun da hannunta ya mutu, ni kaɗai ce. Turmi biyar kullum? Wata huɗu nake kai wa inji, ba wanda ya..."

Ta waiwaya. A bayanta, bisa tabarma, wata tsohuwa ta daina jan carbi.

"Na sani, Badi'a," in ji tsohuwar. "Hannu ya mutu, ba hanci ba."

Badi'a ta durƙusa a gaban mutane.

"Inna, na ɓata miki suna. Ki yafe mini."