Uwar Ranko a Layi

A layin shiga babbar kokawar mata ta shekara a Tokiyo, tsohuwa Tomie ta gaji da surutun mutumin da ke bayanta.

"Kaka, yau dai a karya mana Ranko! Muguwa ce, da kujera take dukan mutane."

"Malam, ka ishe ni. Rabin awa kana zaginta a kunnena."

"Shekara tara ina zuwa yi mata ihu. Ba ki san ta ba ne."

"Ban san ta ba? Ni na goye ta! Sau biyu ana yi wa gwiwarta aiki, ni ke riƙa ta hawa bene."

Mutumin ya rusuna har hularsa ta faɗi.

"Yi haƙuri, Kaka. Kallonta kika zo?"

"Ban taɓa iya kallon ana dukan 'yata ba. Amma yau ne wasanta na ƙarshe."

"Na ƙarshe? Haba Kaka, ki lallashe ta! Wa zan zo gani baɗi?"

Tomie ta ja tsaki.

"Shekara goma ina roƙonta ta bari, yau da ta yarda in lallashe ta? Ɗauki hularka, layi ya matsa."