Ranar da Alhaji Badamasi Ya Kafa Tuta a Auyo

Assalamu alaikum. Ranka ya daɗe Hakimi, dagatai da limamai, shugabannin jam'iyyunmu biyu, Hajiya 'Yar'azumi uwargidan marigayi, 'ya'yansa Nu'uman da Mardiyya, jama'ar Auyo da Haɗeja, sannunmu da haƙuri.

Mun san Alhaji Badamasi manomin shinkafa tun kafin siyasa ta san shi. A lokacin jam'iyya ɗaya muka sani. Yaro ya tashi ya tarar da ita, ya yi aure tana nan, ranar zaɓe ma gona muke tafiya.

Sai aka ce za a karɓe fadamar da muka gada, a ba wani kamfani. Muka yi ta gunaguni a zaure. Shi kuwa ya hau babur ya je Haɗeja, ya dawo da tutar wata sabuwar jam'iyya mai cewa a bar wa mutane gadonsu da tarbiyyarsu, ya kafa ta a ƙofar shagonsa. Aka yi masa dariya, ana kiransa ɗan mazan jiya. Aka hana shi taki. Abokan cinikinsa suka koma ratsewa ta bayan kasuwa.

Ya kasance mai haƙuri. Zaɓen farko ya sha kaye, washegari muka gan shi cikin kogi yana saran kacalla, ciyawar nan mai toshe ruwa, tare da waɗanda suka ƙi zaɓensa.

Ya kasance mai tsoron Allah. Da samarinsa suka tashi ƙona ofishin abokan hamayya, ya tsaya a gabansu ya ce, "Mai gadin wurin nan surukina ne. Wanda zai kunna ashana ya fara da rigata." Suka watse.

A zaɓe na gaba mazaɓu suka riƙa faɗowa hannun jam'iyyarsa, fadama ta zauna hannun masu ita. Aka ba shi kujera, ya ce shinkafarsa na jiran yanka.

Hajiya, ke kika ɗauki gorin da aka yi wa gidan nan, mun gani. Nu'uman, Mardiyya, ubanku bai bar muku gaba da kowa ba, kada ku ƙirƙiro ta.

Mun gode wa duk wanda ya tako. Allah Ya jiƙan Alhaji, Ya haskaka kabarinsa, Ya sa Aljanna ce makomarsa. Mu kuma, idan tamu ta zo, Ya sa mu cika da imani. Amin.