Gideon Mai Carbi

A can ƙasar waje, a tashar jirgin ƙasa ta Ma'adi, wasu Hausawa biyu, dogo da gajere, da ba su san juna ba sun fito daga kallon wani fim na labarin gaskiya.

Dogon ya ce, "Malam, ka ga jarumai! Gwamnatin gurguzu ta hana taro, su kuwa suna haɗuwa a kicin, suna shirya zanga-zangar ƙin yaƙi."

Gajeren ya ce, "Ashe mai yawan tambayar cikinsu ɗan leƙen asiri ne."

"Allah wadai! Af, ɗan wane gari ne kai? Wace unguwa? Gidan wa?"

Gajeren ya ja da baya. "Me ya kawo tambaya?"

"Haba, ɗan'uwa, mai daddawa nake nema! Ful, waken nan nasu, ya ishe ni. Ya sunanka?"

"Gideon."

"Gideon da carbi a hannu?"

"Ajiya aka ba ni."