Wanda Aka Kayar, A Bar Shi Kwance

Mai girma shugaban taro, wakilin magajin garin Madarumfa, iyayenmu malamai, 'yan kokawa masu ƙirji da masu tumbi, makaɗa, da ku da kuka haye katanga gudun kuɗin ƙofa, assalamu alaikum.

Ni ne Garba mai ɗori daga Safo. Ina godiya da yau aka ba ni magana kafin a buga ganga, alhali an saba nemana bayan ƙashi ya yi ƙara.

Magana ta farko, hannu. A ɗaga mutum sama, ya hango ƙasa tana tahowa, sai ya miƙa hannu wai zai tare ta. Ƙasa ba ta taruwa, jama'a, hannun ne ke karyewa. Amma wannan ku kawo mini, da shi nake cefane.

Ta biyu, kafaɗa. Na sha mayar da kafaɗar da layu suka rufe, sai na kwance su nake samun wurin kamawa. Ban ce laya ba ta aiki, na dai ce tana cin lokacina.

Ta uku, wuya, kuma a nan raina ke ɓaci. Al'adarmu ce, da an kayar da namu sai mu ruga mu tsayar da shi tsaye, kada makaɗan wancan gari su sa shi a waƙa. Bara aka sauke Zakari na garin Gabi a kan ƙeya. Yana cewa ba ya jin ƙafafunsa, ganga ta fi shi murya. Masoyansa suka ciccibe shi, wannan ya ja kai, wancan ya girgiza kafaɗu, wai a wartsake shi. Da aka kawo mini shi a amalanke ko taɓa shi ban yi ba, na ce a wuce da shi gidan likita a Maradi. Har yau matarsa Indo ce ke juya shi a shimfiɗa.

Ƙanensa Abdoul Aziz yana cikin masu shiga fili yau. Jiya na je gaida Zakari, ya riƙe ni da ido ya ce, “Baba Garba, ka faɗa musu, in an kayar da shi su bar shi ya sha kunyarsa a kwance har ma'aikatan lafiya su iso.”

To, na faɗa. Allah Ya ba Zakari lafiya, Ya ba Indo haƙuri, Ya mayar da kowa gida da ƙafafunsa, Ya hana ni ciniki yau. Na gode.