Ƙafar Sojan Irmtraud

"Ba zan sauke ba," in ji Irmtraud, ta dafa tafiretarta da ke kan benci. A ɗakin jiran jirgin ƙasa na Munich ne, a Jamus, bayan yaƙi, wani dattijo yana tsaye a gabanta yana neman wurin zama. "Ga wuri can, Baba."

Dattijon ya zauna da ƙyar, ya miƙe ƙafarsa ta katako. "Babbar akawu ke nan."

"Labarin fim nake rubutawa."

"Sannu da ƙoƙari. Mai gadin daji, budurwa, tsaunuka, a ƙare da ɗaurin aure a coci?"

"Ashe ka haddace. Ni sojan labarina da ƙafa ɗaya ya dawo daga Rasha. Mai kamfani ya ce in mayar masa da ita, wai ba a rawar biki da gurgu."

"Ya yi gaskiya. Duk Lahadi ina sinima, kuma ba irina nake zuwa gani ba. Akwai madubi a gida."

"Ai ana ba ku abin da kuke so. Gari duk kango, amma a fim ko taga ba ta fashe ba."

"Da kin mayar masa da ƙafar, yarinya. Duk Jamus ke kaɗai ce za ki iya."

Irmtraud ta ce, "Na ƙi."

"Sai aka tafa miki?"

"Sai aka ba wani ya gyara. Sojan yana rawa yanzu, an cire sunana, kuma babu kamfanin da zai sake buɗe mini ƙofa a garin nan. Ƙauye zan koma, in taya goggona sayar da tsiran alade."