Wa Zai Karɓi Aikin Baba?

Assalamu alaikum mai gabatarwa, sannu da aiki. Nasiru ne daga Deira, nan Dubai, inda nake lodin kwantena.

Mahaifina direba ne a ma'aikatar ruwa ta jiharmu, bara ya rasu a bakin aiki. Ranar Juma'a Inna ta bugo waya ta ce: "Nasiru, gwamnati ta ce mu kawo mutum ɗaya a ba shi aiki a madadin babanku!" Wallahi tsalle na daka, har maigidana, wani Balarabe, ya ce, "Shwaiya, habibi!" wato in bi a hankali.

To amma ƙanwata Safiya ta gama karatun malanta, ba ta samu aiki ba. Jama'a, ku ba ni shawara: in tattara in dawo gida, ko in bar mata?