Abin da aka koya wa jikata a makaranta

Mai gabatarwa, ina gaishe ka da duk masu sauraro. Ni ce Malama Saratu, tsohuwar malamar firamare a Samaru, yanzu ina zaune a Muciya.

Ɗana da ke aiki a Amurka ya kawo mini 'yarsa Rahila, mai shekara bakwai, mu yi Kirsimeti tare. Ran jajibere da rana yaran layinmu suka fara fasa nokawut, abin wasan nan mai ƙara kamar harbin bindiga, kamar kowace shekara. Ina cikin suyar cincin na waiwaya, babu Rahila. Har rijiya muka leƙa. Ashe tana ɗakina, ta sa sakata, ta maƙale bayan kwaba.

Sai da ta ji muryar ubanta ta buɗe. Ta ja zanena tana raɗa: "Kaka, ki kwanta ƙasa. Kada ki yi magana, zai ji mu."

Ubanta ya ce a makaranta aka koya musu. Wai can an sha samun mutum ya shigo aji da bindiga ya yi ta harbin yara, ba fashi ba, ba rikici ba, kuma an daɗe ana haka.

Mu ma mun ga tashin hankali, amma duk shekarun da na yi riƙe da alli, ban taɓa koya wa yaro ɓuya daga mai kisa ba.

Jama'a, ku ba ni shawara. Jibi za su koma. In bar shi ya tafi da ita?